Ka Wanke Shi Sosai

Ranar Juma'ar da aka ba mu hutun ƙarshen shekara, ina aji uku na firamare, wani mai hoto ya hauro tudun Mpape da kyamara rataye a wuya. Lokacin Abuja sai gine-gine take fitarwa, kuma da dutsen unguwarmu ake yin su. Inna tana sayar wa masu fasa dutse shinkafa da wake, ni ce mai ɗebo ruwa da wanke kwanuka, ƙanwata Hadiza tana goye a bayanta. Idan aka tayar da nakiya sai ƙasa ta girgiza, farar ƙura ta sauko kan murfin tukunya har kan girarmu, mu yara mu ci gaba da 'yar gala-gala abinmu.

Inna ba ta taɓa ɗaukar hoto ba. Ta goge hannu a zani, ta jawo ni jikinta, ta tsaya ƙiƙam kamar za a yi mata allura. Da mai hoton ya ce sai ya wanke zai kawo, ta dubi ƙafafunta da suka yi furu-furu, ta ce, "To oga, don Allah ka wanke shi sosai." A zatonta wankin zai fitar da ƙurar. Da hoton ya zo, ƙurar tana nan, ga langalangar rumfarmu a baya. Ta daɗe tana kallo, ta ce, "Bai wanku ba," ta tura shi ƙasan akwati.

Bara Inna ta rasu, Allah ya jiƙanta. Hadiza, wadda take aure a gidan manyan ma'aikata, ta matsa in turo mata hoton, wai kowa yana ɗora hoton mahaifiyarsa a shafinsa na intanet, dangin mijinta kuma sun sa ido. Na tura. Da ta ɗora, babu rumfa, babu tukunya, babu ƙura. An haska fatar Inna, an sa mata leshi, an tsayar da mu gaban wani labule da ba mu taɓa gani ba. Na kira ta raina a ɓace. Ta ce, "Yaya, ai ke kika ba ni labarin. Ba abin da ta roƙa ke nan ba?"

Gaskiyarta ce, da kunnena na ji roƙon. Amma matar da ke cikin hoton nan ba ta taɓa ciyar da ni ba. Idan kewa ta kama ni, wanda bai wanku ba nake ɗaukowa.