Dattijon da Ya Jira Sunansa a Ƙarshen Fim

Wata rana, tafiya ta kai ni birnin Salvador na ƙasar Brazil, na shiga sinima kallon wani tsohon fim a kan rayuwar masunta. Shekara talatin da yin sa, sai yanzu aka gyara shi aka sake fito da shi.

Kusa da ni wani dattijo ne, ya sha kwat ɗinsa fes, da na'urar ji maƙale a kunnensa na hagu.

Fim ya ƙare. Aka kunna fitilu, mutane suka fara miƙewa.

Shi ko motsi bai yi ba. Ya kafe allo da ido, yana bin sunayen da ke wucewa ɗaya bayan ɗaya.

Sunaye suka ƙare. Sai a lokacin ya miƙe.

Zuleide, wadda take min tafinta, ta raɗa min labarinsa. Sunansa Valdomiro. Duk wani sauti da muka ji a fim ɗin, shi ya ɗauka. Shekara biyu ya yi yana bin masunta cikin teku, yana naɗar waƙoƙinsu da kukan matansu ranar da jirgi bai dawo ba. A nan ƙarar inji ta kashe masa kunne.

Daraktan kuwa, Osmar, amininsa ne tun suna samari. Ɗaki ɗaya suka zauna, kwano ɗaya suka ci. Osmar da kansa ya aiko masa da katin gayyatar kallon fim ɗin.

Amma a sabon fim ɗin an cire sunan Valdomiro. An sa na ɗan Osmar, wanda bai yi komai ba illa tace sautin a kwamfuta.

A bakin ƙofa muka tarar da Osmar, 'yan jarida sun yi masa zobe. Dattijon ya jira har suka watse, sannan ya matsa.

"Osmar, ban ga sunana ba."

Osmar ya yi dariya, ya dafa kafaɗarsa. "Haba Valdo, a wannan shekarun namu? Wa ma yake tsayawa karanta waɗannan sunayen?"

"Ni," in ji dattijon. "Kai ma kana karantawa. Shi ya sa ka sa na ɗanka."

Ya cire hannun Osmar daga kafaɗarsa a hankali, ya fice. Wallahi har yau ina ganin bayansa yana sauka daga matakala.

Bayan wata huɗu Zuleide ta turo min saƙo. An nemi Osmar ya gyara fim ɗinsu na biyu, shi ma a kan masunta, ashe asalin kasa-kasan sautin suna hannun Valdomiro. Osmar ya kira shi, har da cewa "ɗan'uwana".

Dattijon ya aika masa da kasa-kasan duka, babu wanda ya rage. Ya haɗa da 'yar takarda: "Muryoyin masunta ne, ba nawa ba. Kar ka ƙara kira na."

Darasi: wanda ya ƙarar da lafiyarsa a kan aikinka, kar ka raina layi ɗaya da ke ɗauke da sunansa. Wataƙila shi ne kaɗai abin da zai nuna wa jikokinsa.

Idan akwai wanda ya sha wahala a aikinka ba ka taɓa ambatonsa ba, rubuta sunansa a ƙasa yau. Sannan ka tura wa wasu.