Mkasi da Kifin Bakin Rami

Mkasi ba ta taɓa zuwa nesa da teku ba. A tsibirin Pemba aka haife ta, a wani ƙauye da ruwa kan ja baya har ya bar fili mai yashi, sai tafkuna ƙanana suna ƙyalli kamar farantan da aka manta a tsakar gida. Tun tana yarinya take tonon katantanwa a wurin.

A tafkunan nan akwai wani ɗan kifi da bai wuce tsawon yatsa ba. Launinsa na yashi ne, da ɗigo-ɗigo ja kamar an yayyafa masa lalle, idanunsa a saman kai. Ba ya yawo. Kullum yana dogare da ƙirjinsa a bakin rami, ramin kuma ba shi ya haƙa ba. Wani jatan lande ne mai raunin gani ke ta fito da yashi, gashin bakinsa ɗaya a kan wutsiyar kifin. Da inuwa ta gifta, kifin ya kaɗa wutsiya, su biyun su faɗa ciki.

Da idon mijinta Shaame ya mutu, ya bar hawan itacen kanumfari, sai ta riƙa kai shi filin, hannunsa a kafaɗarta. Shi ke tono, don yatsunsa sun fi nata sanin yashi. Ita ke gadi. Akwai wani baƙin dutse a mashigin da ke tsakaninsu da gari. Da ruwa ya taɓa shi, dole a tashi.

Kullum sai ya tambaye ta labarin ɗan kifin, "Maman Riziki, maigadi ya fito?"

"Yana nan, ɗigonsa bakwai. Ya fi ka kyau."

"Ya fi ni mata mai kirki dai."

Shekara tara suna haka. Sai ɗigon ya fara ɓace mata. Daga baya kifin ma ya saje da yashi. Ba ta gaya wa kowa ba, don ta san da 'yarsu Riziki ta ji, za ta kwashe su zuwa garin Wete, ta ajiye uban a ɗakin bene inda babu abin da hannunsa zai tona. Don haka kullum amsarta ɗaya: yana nan, ɗigonsa bakwai.

Wata safiya suna can nesa, tana ta ƙura wa mashigin ido tana ganin dutsen a bushe, Shaame ya tsaya da tono, ya karkata kunne.

"Ɗauki kwando. Ruwa ya wuce dutse."

"Dutsen da nake kallo?"

"Hazo kike kallo, tsohuwa. Dafa ni."

Ta dafa shi. Ruwan mashigin ya kai musu ƙirji, yana jan zanenta kamar mai neman faɗa. Kwandon ya tafi. Shaame yana laluben ƙasa da tafin ƙafa, yana bin tudun yashin da ya taka shekara tara, har suka fita gindin itatuwan bakin ruwa suka zube suna haki.

"Tun yaushe ka sani?" in ji ta.

"Ramin nan da kike cewa maigadi na ciki, tun kafin azumi ya rufe. Da ƙafata na taka wurin."

"Ka bar ni ina ta zuba ƙarya!"

"To, kin iya ta. Daɗin ji gare ta."

Ta yi dariya har ta koma kuka. "Riziki za ta kulle ka a bene, Baban Riziki."

"Gara bene tare da ke, da teku babu ke. Kira ta."

Riziki ta zo ta yi faɗan da za ta yi, ta kai uwar asibiti, aka ce yanar ido ce, aka cire mata ta ido ɗaya. Sati shida Shaame ya yi a benen yana murza yatsunsa a tabarma. Mkasi ta ce ko dai a mai da su, ko ta kama hanya da ƙafa.

Ranar da suka koma filin, ta durƙusa a bakin wani tafki, ta daɗe ba ta motsa ba.

"Ya fito?"

"Yi shiru, kar ka kore shi." Ta ƙirga a hankali. "Ashe sun fi bakwai."

Shaame ya sa hannu a yashi ya ci gaba da tono.