Gayyar da Habu Ya Sa Na Kora

Shekara tara ke nan da rasuwar ƙanena Habu, kuma har yau ban yi aikin da ya ba ni wuya kamar wanda ya sa ni ba. Ni manomi ne a wani ƙauye kusa da Kunci. Shi ya yi boko, ya shiga masu wasan talabijin a Kano.

Wata damina ya zo da masu kyamara, ya ce zai yi wasa a gonar babanmu. Aka dama fura ƙwarya shida, aka jera a gindin kuka, makaɗi ya buga gangar gayya. Wasan shi ne kada kowa ya amsa. Shi kaɗai zai yi ta noma, yana ɗagowa yana duban hanya.

To, mutanenmu ba su san haka ba. Suna jin ganga suka saɓo fartanya. Habu ya ce, "Yaya, tare min su." Na tsaya a hanya ina mayar da sa'o'in babanmu. Wani dattijo ya ce, "Kai Sani, yau kuma gayya ake kora?" Haka na mayar da shi.

Da aka nuna wasan, rabin awa babu magana, sai ƙarar fartanya da numfashinsa. Gari ya ɗauka ƙarya ya yi mana. Na ce masa, "Ka nuna wa duniya ba mu da zumunci." Ya ce, "Ba ku nake nufi ba, Yaya. Abin da nake ji ne a birni, kuma yana tafe." Ban saurare shi ba. Har ya rasu ban janye maganata ba. Wannan ke cina.

Bana bayana ya riƙe, ciyawa ta kusa cinye min gero. Na kira gayya, har ta waya na bi mutane. Kowa ya ce in sha Allahu. Na zauna da fura har azahar, mutum biyu suka zo. Ba mugunta ba ce. Samari suna birni, waɗanda suka rage kowa na fama da kansa. Da Habu na nan, ba zai ce ai na faɗa ba. Fartanya zai ɗauka.

Bai bar gida ba, bai bar ɗa ba. Duban hanyar nan kawai ya bari, don ranar na kama kaina ina yin sa. Allah ya jiƙansa, ya yafe min.

Washegari na ɗaure ƙugu da tsohon rawani, na shiga gonar maƙwabcina Malam Garba da ke jinya, na fara nome masa. Ban jira ya kira ni ba.