Yatsan da lalle bai kama ba

Har gobe ban manta da ranar da Bala direba da matarsa Sa'ade suka zo janye ƙara ba. Talata ce, farkon Zulƙida, ina tafinta a wani ofishin bincike nan Makka. Ni ba boko na yi ba, Larabcin titi ne da Hausar gida suke ciyar da ni.

Ga yadda abin ya faro. Bala ya ɗauki wayar Sa'ade tana wanka, ya bincike ta tas. A ƙasar nan wannan laifi ne. Ita kuma ta fito da taɓarya ta sauke wa gilashin motarsa. Shi ma laifi ne. Ta kai ƙararsa, ya kai ƙararta. Daga baya dattawan unguwarsu ta Ka'akiyya suka zaunar da su, aka yi sulhu, har da yanka kaji.

To, ku sabbin shiga aikin tafinta ku sani, sulhun gida ba ya rufe fayil. Sai mai ƙara ya zo da ƙafarsa ya yi tanazul, wato ya ce ya yafe haƙƙinsa, ya ɗora yatsa a na'ura, sannan mai bincike ya duba ko za a rufe. Bala kuwa a matse yake. Kamfanin da yake ja wa bas a Mina lokacin Hajji ya ce a makon za a gama ɗaukar direbobi, kuma ba a ɗaukar mai ƙara a wuya. Aikin nan shi ne abincinsu na shekara.

Sun iso suna dariya, shi ne ma yake riƙe mata jaka. Matsalar, ɓangaren maza daban, na mata daban, bango a tsakani. Na shiga wajen Bala, ya ce, "Malam Idi, sai ta fara sa hannu tukuna."

Na zaga wajen Sa'ade. Ta ce, "Baba, wa ya fara taɓa kayan wani? Shi zai fara."

Na koma. Ya ce, "In na janye ta fasa fa? Kai ba ka san ta ba."

Na sake zagawa. Ta ce, "Ka ce masa ai yanzu ya san ni, tunda ya karance wayata."

Haka na yi ta safa da marwa har gwiwata ta fara ƙara. Mai binciken, wani matashi mai haƙuri, ya kira ni ya ce, "Ya Idris, sun shirya ko ba su shirya ba?" Na ce, "Ranka ya daɗe, sun shirya, yarda ce babu."

Shi ya kawo dabara. A buɗe ƙofofin biyu, in tsaya a baranda in ƙirga, su ɗora yatsa lokaci guda. Na tsaya da furfurata ina ihu kamar mai tayar da tsere. Na kai uku, shiru. Ba wanda ya ɗora. Sai muryar Sa'ade ta ratso bango: "Na san halinka, munafuki!" Bala ya amsa, "Ke fa, waliyyiya?" Suka kwashe da dariya.

Karo na biyu suka ɗora da gaske. Na Bala ya shiga. Na Sa'ade na'ura ta ƙi. Ashe lallen murnar sulhu ta sha, ya yi baƙi ƙirin, ya cike zanen yatsun. Abin da Bala yake tsoro ya auku: shi ya yafe, ƙarar da ke wuyansa tana nan. Ya dafe kai yana salati, yana cewa da gangan ta yi. Ita kuwa kuka ta fashe da shi, tana dirza yatsa a bango. Ma'aikaciyar ɓangaren mata ta gwada wannan yatsa, ta gwada wancan, duk a banza.

Can ta lura da ɗan yatsan hagu a naɗe da filasta. Sa'ade ta sunkuyar da kai ta ce gilashin motar ne ya yanke ta, mai lalle ta tsallake shi. Aka kware filastar, aka ɗora. Na'ura ta karɓa. Bala ya leƙo daga baranda yana cewa, "Allah ya yi wa taɓaryar nan albarka!" Shekarar ya ja bas ɗinsa a Mina.

Abin da na koya, in miji da mata suka zo, kada ka ɗauki zafin kowa, don sai su tafi gida su ci tuwo tare kai kana jiƙa gwiwa da man zafi. Kuma tun daga ranar, duk matar da ta ce min ta zo tanazul, kafin in amsa sallama nake cewa, "Hajiya, mu ga hannu."