Nasaran da Ya Zama Bafulatani

Tsufa ya fara kwashe mini abubuwa daga ka, har sunayen yaran da na koyar sukan ɓace mini, amma akwai wata ranar cika-ciki da ba za ta taɓa fita daga raina ba. A shekarun saba'in ne, bayan babban fari ya wuce, ina mushen lakwal, wato malamin makarantar boko, a garin kawuna, wani ƙauye tsakanin Magariya da Dungas.

A lokacin ne Allah ya haɗa mu da wani Nasara mai gemu. Ya ce jami'ar ƙasarsu ce ta turo shi ya binciki yadda muke bambance abu mai kyau da marar kyau. Mu da muke zaune ba mu san abin yana bukatar bincike ba, ashe har mota ake ba mutum a kansa. Da yake ni kaɗai ke jin Faransanci a garin, ni na zama tafintansa. Yana da akwatin ɗaukar magana da yake ratayawa a kafaɗa, ina jin ko wanka zai shiga sai ya yi sallama da shi.

Karatunsa guda ne, kullum sai ya biya mini. "Mushe," yakan ce, "babu al'adar da ta fi wata. Abin da ake kira sata a ƙasarmu, a wani wuri wasa ne. Mai ilimi ba ya yanke hukunci, fahimta yake yi." Nakan ce madalla. Ina saurayi a lokacin, maganar ta burge ni ƙwarai, har na riƙa maimaita ta a dandali kamar ni na ƙirƙiro ta.

Zaman baƙunta bai ishe shi ba, sai ya roƙi wani dattijo Bafulatani mai shanu da gona a gefen gari ya ɗauke shi ɗa. Kunya ta hana dattijon cewa a'a, ya ba shi malfa da sanda. Shi ke nan muka samu Bafulatanin da kindirmo ke ɓata wa ciki, wanda in saniya ta juyo sai ya ja da baya.

Wannan dattijon aminin kawuna ne tun suna samari. Kawu Babarbare ne, kuma kowa ya san Barebari da Fulani abokan wasa ne. Ban taɓa jin sun yi gaisuwar arziki ba. Kawu zai hango shi ya ce, "Bawana, yau gonar wa shanunka suka ci?" Shi kuma ya ce, "Gonar bawana, ai abin bawa na ubangidansa ne." Lokacin da farin nan ya kashe wa dattijon shanu, kawu ne ya buɗe masa rumbu, yana auna masa gero yana zaginsa, don kada ya ji nauyin karɓa.

Nasara ya ɗauki zage-zagen nan a akwatinsa yana ta murna. Har ya yi mini bayanin hikimar da ke ciki, ni da aka haifa a cikinta. Na gaya masa ranar cika-ciki abokin wasa yakan ƙwace maka hula ko takalmi, ka fanshe da goro. Ya ce bai taɓa jin al'ada mai kyau kamar wannan ba.

Ranar ta zo ba na gari, na tafi Yekuwa ta'aziyya. Kawu ya iske Nasara a gindin tsamiya, ya ajiye akwatin a tabarma yana wanke hannu. Tunda ɗan amininsa ne, ai bawansa ne shi ma. Ya sunkuci akwatin, ya hau jakinsa ya ce, "Sabon bawana, in kana son kayanka ka biyo ni da goro." Mutane suka yi ta dariya. Nasara yana jin Hausar da ta kai wannan, amma bai nemi mai goro ba, motarsa ya nema.

Kafin la'asar ya dawo da jandarmomi. Ya ce musu an yi masa sata, ya nuna takardunsa na gwamnati. Suka iske akwatin a kan gadon matar kawu, an lulluɓe shi da sabon zane don kada ƙura ta taɓa shi. A gaban jikokinsa da surukansa aka sa kawu a mota.

Washegari da na dawo na je wurin Nasara a fusace. Na ce, "Ba kai ka ce abin da ake kira sata a ƙasarku wani wuri wasa ne ba?"

Ya ce, "Wannan daban ne, mushe. Aikina na shekara guda ne a ciki."

Ashe duk al'adu ɗaya suke, sai dai wadda ta taɓa kayan mai bincike.

Maigari da dattijon suka je suka yi ta roƙo, shi ma Nasara ya janye ƙararsa, aka sako kawu. Amma ya riga ya kwana a kaso, an aske masa kai tare da ɓarayin awaki. Mutumin da ba a taɓa kai shi ko gaban maigari ba.

Dattijon ya ce sai ɗansa Nasara ya je ya ba da haƙuri, muka tafi mu uku. Kawu ya fito da kansa ya shimfiɗa musu sabuwar tabarma, ya sa aka kawo fura. Ya russuna ya gaishe da Nasara, sannan ya juya ga amininsa ya ce, "Malam, sannu da zuwa. Yaya iyali? Yaya dabbobi?"

Nasara ya raɗa mini, fuskarsa fal murna, "Ka gani? Ya yafe. Dubi yadda yake girmama mu."

Dattijon kuwa bai taɓa furar ba. Ya dubi kawu ya ce, "Haba. Zage ni mana."

Kawu ya ce, "Wane ni, Malam. Na ga inda wasa yake kai mutum."

Ban taɓa ganin Bafulatani yana kuka a gaban mutane ba sai ranar. Na ji tausayinsa har ni ma na kau da kai.

Da damina ta ƙare Nasara ya koma ƙasarsu da akwatinsa, na tabbata ya koyar da ɗalibai masu yawa cewa babu al'adar da ta fi wata. Tsofaffin biyu kuwa suka ci gaba da gaisawa cikin ladabi, kamar baƙin da suka haɗu a tasha, har Allah ya karɓi ran kawu.

Abin da na koya shi ne, yabon al'adar mutane ba wuya, kowa yakan iya muddin ba ta cinsa komai. Tun daga lokacin, duk wanda ya ce mini yana mutunta al'adar kowa, ba na musu da shi. Jira nake ranar da za ta ɗauki wani abu nasa, in ga ko goro zai nema ko jandarma.