Kan kifin da Yaya Salisu ke ajiyewa a katanga

Shekara tara ke nan da muka binne yayana Salisu a nan Makka, kuma har yau ban saki jiki da masu yabonsa ba.

Yaya ya yi shekaru yana aikin lodin tsofaffin motoci a Hokkaido, tsibirin nan na arewacin Japan. Da ya dawo unguwarmu ta Mansur a nan Makka, sai ya buɗe rumfar shinkafa da kifi, bakinsa cike da labari. Ya ce dusar ƙanƙara kan rufe ƙofar gida, ga ruwa yana tafasa daga gindin dutse mai aman wuta. Ya ce fararen gauraki na rawa cikin sanyin nan, in kaka ta yi kuma kifi ya hauro kogi har ya cika shi. Aka yi ta dariya, ana cewa Salisu ya iya shara ta.

Abin da ya kashe masa kasuwa daban ne. Wani tsoho ɗan ƙabilar Ainu, 'yan asalin tsibirin, ya nuna masa cewa masunci ba ya kwashe kamunsa duka, yakan bar wa dila da hankaka rabonsu a bakin kogi. Abin ya shiga ran Yaya. Kullum kafin ya ɗora mai, sai ya ajiye kan kifi bisa katangar bayan rumfa.

Shi ke nan fa, aka fara raɗa. Wai ya yo tsafi, yana ciyar da aljanu a garin Allah. Maƙwabcinmu Alhaji Hadi ya hana iyalinsa sayen abincinsa, saura suka bi. Na roƙe shi ya daina, ya ƙi.

"Binta, kuliyoyi ne ke ci," in ji shi. "Su zagayo su gani mana."

Babu wanda ya zagaya, har aka rufe rumfar.

Yanzu kowa da waya a hannu. Ran nan Alhaji Hadi ya turo mini bidiyon gaurakin nan suna rawa, wai ashe Salisu mai gaskiya ne, Allah ya jiƙansa. Wallahi raina ya ɓaci. Da Yaya na nan, na san murmushi zai yi. Ni kam ban yarda ba. Gauraki kawai suka gaskata, maganar tsafin babu wanda ya zo ya janye ta.

Rumfarsa ta zama shagon waya, amma kuliyoyin suna nan. Duk ranar da na sayi kifi nakan kai musu kan. Jiya ina ajiyewa na ga labulen gidan Alhaji Hadi ya motsa.