Fushin Mode Mai Albasa

Mode manomin albasa ne a Danchadi, cikin ƙasar Bodinga. Dogo ne, baƙi, marar yawan magana, irin mutanen da sai majalisa ta tashi ake tuna suna wurin. Da damina yana noma gero da dawa a gonar gado, da rani ya sauka fadama. Matarsa Hussaina ce, suna da 'ya'ya mata uku. Babu wanda ya san shi da faɗa har shekarar da albasarsa ta ruɓe.

A shekarar nan ya samu albasa fiye da yadda ya taɓa samu. Bai sayar ba lokacin cira, domin kasuwa ta cika. Sai ya ɗaura rudu, wato rumfar kara da ake jibge albasa a ciki ta sha iska har ta yi tsada. Ruwan farko ya zo da wuri, da iska mai ƙarfi, ya yaye rufin ta baya, inda ido ba ya kaiwa. Mode yana kwance da zazzaɓi a kwanakin, bai leƙa ba. Ranar da ya kira dillali daga Bodinga suka buɗe, wari ne ya fara tarbar su. Ya tura hannu cikin tulin albasar, hannun ya nutse har gwiwa. Ya zauna a ƙasa, ya ɗora hannu a ka, ya fashe da kuka mai sauti, yana kiran sunan mahaifinsa da ya rasu.

Wanda ya kawo dillalin a kan babur shi ne Tasi'u, ɗan gwaggon Mode, taubashinsa, ɗan kabu-kabu mai son ba'a. Tasi'u ya zaro waya ya ɗauki kukan tun daga farko har ƙarshe. Kafin mako ya zagayo, bidiyon ya shiga wayoyin samarin Danchadi da Dingyadi, wani ma ya ɗora masa kiɗa. Ranar kasuwar Bodinga, Mode yana wucewa ta rumfar mahauta ya ji muryarsa tana fitowa daga wayar wani, mutane sun yi cincirindo suna dariya. Wani ya ce, "Ku bar shi, albasa ce ta shiga idonsa." Daga ranar ya zama Mode Mai Hawaye.

Ya sami Tasi'u a tasha yana goge babur.

"Mi na yi maka, Tasi'u?"

"Haba taubashi, wasa ne. In ban yi maka ba, wa zan yi wa?"

"Ɗiyana sun gani. Surukaina sun gani."

"To ai kowa ya san hasara anka yi. Kwana biyu an manta."

Ya tada babur ya ɗauki fasinja ya tafi. Bai ba da haƙuri ba, kuma wannan ne ya tsaya wa Mode a rai fiye da bidiyon kansa.

Mode ya daina zuwa majalisa. A masallaci yana tsayawa sahun baya, ana sallamewa ya ɗauki takalmansa. Abinci ya fita kansa. Yana shiga gona da fartanya, sai ya tarar da kansa tsaye a tsakiyar kunya yana jera maganganun da zai faɗa wa Tasi'u a gaban jama'a, yana gyara su, yana ƙara musu ɗaci. Kansa yakan sara daga ƙeya har zuwa ido. In Hussaina ta yi masa magana ya daka mata tsawa, 'ya'yan suka koyi tashi daga tsakar gida in sun ji sallamarsa.

Ya fara ramawa da ƙananan abubuwa. Tasi'u yana da 'yar garka a ƙasan ta Mode, kuma tun zamanin iyayensu ruwa ta gonar Mode yake bi ya isa can. Da rani ya zo, Mode ya toshe hanyar ruwan da ƙasa, ya ce gyara yake yi. Tumatirin Tasi'u ya bushe a tsaye. Tayar babur ɗinsa ta fashe a hanyar fadama, Mode ya zo da amalanke babu kaya, ya wuce shi bai waiwaya ba. Kowane ɗaya yakan sanyaya masa rai na yini guda, washegari wutar ta dawo yadda take. Abin da yake so shi ne Tasi'u ya ji kunyar da ba ta wankuwa.

Damar ta zo masa a kasuwar Shagari, wajen masu irin albasa. Wani dattijo daga Kajiji, Malam Mansur, wanda suka daɗe da sanin juna, ya ja shi gefe. Ya ce Tasi'u yana neman auren 'yarsa Zulaihatu, yarinyar tana sonsa, har an kai gaisuwa.

"Kai ɗan'uwansa ne, kuma an shaide ka ba ka ƙarya. Don Allah ka gaya mini halin yaron nan."

Akwai abin da Mode kaɗai ya sani. Shekarun baya, lokacin da Tasi'u ya fara kabu-kabu, ya faɗa shan ƙwaya. Mode ne ya gano, shi ya kai shi asibiti a Sakkwato a ɓoye, ya yi jinyarsa har ya bari, kuma tun daga nan Tasi'u bai koma ba. Ko gwaggo, mahaifiyar Tasi'u, ba ta sani ba.

Mode ya sunkuyar da kai kamar mai jin nauyi. Muryarsa a kwance ta fito.

"Malam, tunda ka haɗa ni da Allah. Yaron yana da neman na kansa. Sai dai ƙwaya. Ni da kaina na taɓa kai shi asibiti."

"Ya bari?"

"Allah kaɗai ya san wanga."

Malam Mansur ya yi godiya, ya tafi. Ba a daɗe ba aka mayar da kayan gaisuwa daga Kajiji. Maganar ta bazu, mata suka daina hawa babur ɗin Tasi'u, abokan tasha suka sa masa suna shi ma. Ranar da labarin ya iso Danchadi, Mode ya ce Hussaina ta ƙara masa tuwo. Ya ci ya suɗe kwano, ya fita majalisa a karon farko, ya zauna inda kowa zai gan shi.

Tasi'u ya zo har ƙofar gida da hantsi. Babu ba'a a fuskarsa, ya rame.

"Yaya Mode, kai kaɗai ka san zancen nan."

"Tambayata anka yi."

"Ka san na bari."

"Kwana biyu an manta," in ji Mode, yana dubansa ido cikin ido.

Tasi'u ya juya ya tafi. Cikin watan ya sayar da garkarsa ya tafi kudu da babur ɗinsa.

Mode ya zaci zai samu barci daga nan, bai samu ba. Tasi'u ya yi nisa, amma Mode bai fasa yin faɗa da shi a zuci ba. Yanzu har da gwaggo, wadda ta daina amsa gaisuwarsa, da Hussaina, wadda ta ce masa a fili abin da ya yi babu kyau. Kowa ya zama abokin gaba. Wata rana yana jan igiyar injin ban-ruwa, fadama ta juya masa, ya faɗi a cikin laka. Maƙwabtan gona suka kwashe shi zuwa asibiti a Bodinga.

Ma'aikaciyar da ta duba shi, Jamila, ta ɗaura masa abin awo a damtse, ta duba, ta sake aunawa.

"Baba, jininka ya hau sosai. Kana barci?"

"Kaɗan."

"Akwai abin da ke damunka?"

"Babu."

"To ni magani zan ba ka, ka sha kullum, ka rage gishiri. Amma abin nan da ka ce babu, ka samu wanda za ka gaya wa. In ba haka ba, faɗuwa ta gaba tana iya tafiya da rabin jikinka."

Yayarsa Balaraba, wadda ke aure a Shagari tana sana'ar man gyaɗa da ƙuli-ƙuli, ta zo ta ce a ba ta shi ya huta a wurinta. Ba ta yi masa wa'azi ba. Da safe takan tura shi ya taka da ƙafa har bakin ruwa ya dawo kafin ya karya. Da ya dawo ta aje masa kwaryar gyaɗa ya ɓare, ita tana suya a gefe. Suna cikin haka wata safiya, ba tare da ta tambaye shi ba, ya fara magana. Ya faɗi warin rudu, da muryarsa a wayar mahauta, da yadda babbar 'yarsa ta dawo daga makaranta ta ƙi cin abinci. Yana faɗa muryarsa tana rawa.

"Yi kukanka," in ji Balaraba. "Ranar da Baba ya rasu ba ka yi ba, ka tsaya karɓar gaisuwa. Na san yana nan."

Ya yi, ita kuma ta ci gaba da juya gyaɗa. Da ya lafa ta ce, "Tasi'u ya zalunce ka, ban musa ba. Kai ma ka zalunce shi, har da yarinyar da ba ta san hawa ba. Ban ce ka yafe yau ba. Amma ka dubi jikinka. Shi yana can yana neman abincinsa, kai kana nan kana shan magani."

"Ko yanzu in na tuna, ji nake awa in shaƙe shi."

"To in ya taso, tashi ka yi alwala, ka kama wani aiki da hannunka. Zai wuce. Gobe ya dawo, ka sake."

Haka ya yi ta yi, domin ba shi da wata dabara. Wata rana abin ya yi aiki, wata rana ya ƙi. Ya koma Danchadi ya ci gaba da tafiyar safe da shan magani. In kansa ya fara sarawa yakan ce wa Hussaina, "Yau abin ya taso," ta kawo masa ruwa, ta kore 'ya'yan daga hayaniya ba don tsoro ba. Ya je Kajiji ya gaya wa Malam Mansur cewa Tasi'u ya daɗe da barin ƙwaya. Dattijon ya saurare shi, ya ce Zulaihatu ta riga ta yi aure a Dingyadi, bai ko miƙa masa ruwa ba. Mode ya dawo da nauyin wannan ma a ransa, ya ɗauke shi.

Bayan damina biyu Tasi'u ya dawo, saboda gwaggo ta kwanta ciwo. Shi da Mode ba sa magana, sai dai su haɗu a ƙofar ɗakinta kowa ya kau da kai. Ranar da numfashinta ya yi sama, ruwa ya ɓata hanya, babu motar da za ta shigo. Tasi'u ya hau babur, aka ɗora tsohuwar a bayansa, amma ba ta iya riƙe kanta. Sai an samu wanda zai zauna a baya ya tallafe ta. Mode ne namijin da ke tsaye a wurin. Ya ɗan jima, sannan ya naɗe rigarsa ya hau.

Suka kama hanyar Bodinga cikin taɓo, kan gwaggo a ƙirjin Mode, hannuwansa sun zagaye ta sun kama rigar Tasi'u.

"Riƙe ta da kyau, akwai rami gaba," in ji Tasi'u.

"Na riƙe. Bi ta hagu, ya fi tauri."

Abin da suka ce wa juna ke nan har asibiti. Gwaggo ta samu sauƙi, ta koma gida. Tasi'u ya zauna a Bodinga, ya auri wata 'yar garin. Mode bai je ɗaurin auren ba, amma ya bar Hussaina ta je da kwanon shinkafa. Har yau ba su koma wasan taubasai ba, kuma Mode bai taɓa cewa ya yafe ba. In sun haɗu a hanya sukan gaisa, kowa ya tambayi iyalin ɗan'uwansa, su wuce. Mode yana barci yanzu, ya mayar da jikinsa, kuma da yamma 'ya'yansa mata sukan zauna kusa da shi a tabarma suna ba shi labarin makaranta.